Kada a Saka Ki Cikin "Da Sauransu"

Mansura, Doha
Juma'a, bayan la'asar

Zuwa ga 'yata Ummi,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki, ina gaida mahaifiyarki da ƙannenki da duk mutanen gidanmu na Zariya. Allah ya sa takardar nan ta same ki lafiya, ya tsare hanyarki zuwa Jos, ya sauke ki a hannun mutanen kirki. Bulus, ma'aikacin jinyar da muke asibiti ɗaya, zai tafi hutu gida ranar Litinin, shi zai kai miki ita hannu da hannu. Da na kira ki a waya, amma na san halinki. Da zarar magana ta zo inda ba kya so sai layi ya lalace, kuma daga ɓangarenki kaɗai yake lalacewa.

Na saurari saƙonki sau uku. Kin ce kamfanin ya ɗauke ki a fim mai dogon zango, za ki fito a matsayin maƙwabciya, kika yi sauri kika ƙara da cewa ba wani babban abu ba ne. Sannan kin ce Baffanki Sani ya yarda ki tafi, bisa sharaɗin ba za a rubuta sunanki na gaskiya a jikin fim ba, har kin tsinto wani suna mai kama da sunan turare. Kin faɗi wannan da murna, kamar an yi miki kyauta.

Ummi, raina ya ɓaci. Tafiyarki ba ta dame ni ba, na sa mata albarka tun kafin ki tambaya. Abin da ya hana ni cin abincin rana shi ne 'yar cikina za ta tashi da asuba, ta haddace magana, ta tsaya a rana ana ce mata "sake", sannan a ƙarshen aiki a rubuta sunan turare. Kuma ita ce ke godiya.

Bari in ba ki labarin wata mata da na fi shekara goma ina bibiya. Kada ki kai wa mahaifiyarki zancen da wannan lafazin.

Farkon zuwana ƙasar nan, wani mai shagon tsofaffin faya-fayai a nan Mansura zai rufe shago, ya ce in kwashe wani kwali da ba wanda ya taɓa tambayarsa. Fina-finan Japan ne na bayan yaƙin duniya, baƙi da fari, da fassarar Turanci a ƙasa. Ranar Juma'a ce kaɗai hutuna, zafin garin nan kuma ba ya barin mutum ya fita yawo, sai na riƙa saka su ɗaya bayan ɗaya. Fuseini, direban nan ɗan Zangon Kumasi da muke ɗaki ɗaya, ya sha wahala a hannuna.

"Malam," yakan ce, "tun ɗazu mutanen nan suna zaune a ƙasa. Ba faɗa, ba rawa, ba wanda ya ko ɗaga murya. Yalla, a kashe mu kalli ƙwallo."

"Yi haƙuri, yanzu za a kawo shayi."

"An kawo shayi sau huɗu!"

Shi ne ma ya fara lura da ita. Wata rana ya nuna talabijin da cokali ya ce, "Wannan ba ita ce mai gidan haya ta makon jiya ba? Yau kuma ta zama 'yar aiki. Malam, kafil ɗinta ba ya ba ta hutu."

Kafil shi ne ubangidan da ke riƙe da takardun baƙon ma'aikaci a ƙasar nan. Na duba, ita ce. Mace ce gajera mai faɗin fuska, ba irin wadda ake sa hotonta a bangon silima ba. Na koma na bi faya-fayan, ga ta nan ko'ina. Nan ita ce gwaggo mai zuwa da zancen aure, can ita ce mai sayar da abinci a bakin tasha, can kuma ita ce ke zuge ƙofar takarda ta ce baƙo ya iso, ta koma. Wani fim ɗin minti biyu take yi. Ban iya karatun Japananci ba, amma su a farkon fim suke jera sunaye, sai na yi ta tsayar da faifai ina kwatantawa har na gane siffar sunanta. Zane huɗu ne. Na biyu kamar taga mai gilashi huɗu, na ƙarshe kamar yaro ya ware hannuwa. Ba ya zuwa a allon farko, ba ya zuwa a na biyu. Yana can ƙasa cikin ƙananan rubutu. Amma yana nan, kowane fim yana nan.

Akwai wani da ba na mantawa. Soja ya dawo daga yaƙi ya tarar unguwarsu ta ƙone, yana tambayar iyalinsa. Ita ce maƙwabciyar da ya tarar tana kwashe shanya. Ba ta yi kuka ba, ba ta dafa ƙirji ba. Ta ce masa ya zauna tukuna. Tana magana tana ninke wani zane, ta gama, ta warware shi, ta sake ninkewa, don dai kada ta ɗaga ido ta dube shi. Kafin ta furta komai na san ba wanda ya tsira. Jarumin ya yi ta ihu bayan haka, na manta fuskarsa. Fuseini, mai neman ƙwallo, ya tashi ya shiga banɗaki ya daɗe, ya fito yana cewa na'urar sanyaya ɗaki ce ke sa masa ruwan ido.

Wannan ita ce maƙwabciya, Ummi, matsayin da kika ce ba wani babban abu ba ne. Kada in sake jin wannan magana daga bakinki. Idan minti biyu aka ba ki, ki san abin da hannunki zai riƙa yi a cikin minti biyun.

Da na samu sunan, sai na bi shi a intanet da littattafai, na kuma karanta yadda sana'ar take a wancan zamani. Manyan kamfanoni ne ke riƙe 'yan wasa da kwantiragi. Taurari kowa da ɗakinsa, sauran kuma a tara su a babban ɗaki guda suna jiran a kira. Ana gama wannan fim a shiga wancan. Kamfanonin har haɗa baki suka yi kada wani ya ɗauki ɗan wasan wani, wanda ya yi gardama ya rasa wurin zuwa. Da na karanta wa Fuseini wannan sai ya ce, "Ka gani? Na faɗa maka kafil ne." Daga baya talabijin ya shigo, gidajen silima suka fara zama wayam, taurari da yawa suka ɓace. Ita kuwa na ci gaba da ganin tagar nan mai gilashi huɗu a wasannin talabijin, ta tashi daga gwaggo ta koma kaka. Ban san ko ta ji daɗin rayuwarta ba, ban san ko an kyauta mata ba, kuma ina zaton ba a kyauta ba. Abin da na sani shi ne wani mai gyaran injinan asibiti ɗan Zariya, a ɗakin haya a Doha, ya iya bin sawun aikinta tun tana matashiya har ta tsufa, saboda wani ya rubuta sunanta.

Tun da na ambaci kwantiragi, ga wautata ta farko. Ranar da aka miƙo mini takardar aikin nan a ofishin dillali, shafi shida ce, rabi Larabci rabi Turanci. Ni da nake taƙama na karanta littattafan da malamanmu ba su karanta ba, ban karanta shafi shida ba. Akwai mutane a layi bayana, dillalin yana buga biro a tebur, na ji kunyar a ce ina zargin mai yi mini alheri. Na sa hannu. Sai da na sauka na ga matsayin da aka rubuta mini ba shi aka faɗa mini da baki ba, kuma na yi shekaru kafin in iya gyara shi. Don haka in sun miƙo miki takarda, ki ce za ki tafi da ita masauki. Ki ɗauki hotonta ki turo mini. Ki duba ko ta hana ki aiki da wasu, da tsawon lokacin da ta ɗaure ki, da yadda za a rubuta sunanki. Wanda ya fusata don kin nemi karantawa ya riga ya gaya miki abin da ke ciki. Haka kuma duk daraktan da ya ce ki zo masaukinsa ku duba magana ku biyu, ki ce masa maganar ta jira gari ya waye a lokeshan, gaban kowa. In ya cire ki, ki dawo gida, ba abin kunya kika yi ba.

Yanzu ga babbar, wadda saboda ita na ɗauki biro. Kafin makon nan ban taɓa gaya wa kowa ba, har mahaifiyarki.

Kin san Gwaggonki Asabe, yayata, a matsayin tsohuwa mai ciwon gwiwa da ke faɗa a kan gishiri. Kin kuma ji tana cewa ta taɓa fitowa a talabijin, kin ga yadda jikokinta ke ƙunshe dariya. Gaskiya take faɗa. Lokacin ina makarantar horon malamai, gidan talabijin yana yin wasan kwaikwayo duk mako, ita ce mai ƙosai a bakin kasuwa, wadda duk gulmar gari ke bi ta gaban kaskonta. In ta ɗaga gira ɗaya, unguwa guda ke fashewa da dariya a gidan mai talabijin.

Na bi ta wurin wata rana da niyyar a ba ni jarumi, don a lokacin ina da gashi kuma na yarda da kaina ƙwarai. Mai shirya wasan ya dube ni ya ce akwai gurbin masinja: in shigo, in miƙa takarda, in fita. Na ce ni ɗalibin adabi ne. Ya ce to ɗalibin adabi ya matsa daga gaban kyamara. Ina zaune a gefe ina rubuce-rubuce don in nuna ban damu ba, sai ya hango rubutuna. A wancan zamani da hannu ake rubuta sunayen 'yan wasa a kan farin kwali, a kafa shi a bango, kyamara ta bi shi daga sama zuwa ƙasa. Wanda ke yi musu ya bar aiki. Ya ba ni kwali da tawada da jerin sunaye, ya ce in kawo gobe.

A makon nan abokaina a makaranta sun sa mini suna Ƙanin Mai Ƙosai. In na shigo aji sai wani ya ce, "A zuba mana na zafi." Ga kuma haushin an ba ta wuri ni an hana ni, ko da yake wannan sai da na tsufa na yarda da shi. Na zauna na rubuta sunaye da kyau, har da ado a gefe. Da na zo kan nata, Asabe Haruna, sunan mahaifinmu a jiki, sai na ce wa kaina ina kare mutuncin gida. Na tsallake shi. A ƙasan kwalin na rubuta: da sauransu.

Mai shirya wasan bai ƙirga ba, ya ga rubutu ya yi kyau ya kafa. Ranar da aka nuna, muna tsakar gidan maƙwabcinmu, mutum ya fi talatin a kan tabarmi. Gwaggonki ta gaya wa kowa cewa yau sabon kwali ne, ƙaninta ya rubuta. Aka gama wasa, sunaye suka fara tafiya, yara suna karantawa da ƙarfi. Ta matsa gaba. Suka karanta har ƙasa, suka haɗa baki suka ce, "Da sauransu!" Wata mata ta ce, "Asabe, ke ce sauransu?" Aka yi dariya. Ita ma ta yi. Ta naɗe tabarmarta muka koma gida, da safe ta dama mini koko kamar kullum.

Kwalin nan shi suka yi ta amfani da shi duk mako har ta bar wasan. Kaset-kaset ɗin wasan kuwa, na bincika daga baya, an ɗauki wasu shirye-shirye a kansu don babu sababbi. Babu hoto, babu murya, babu suna. Matar Japan da ban taɓa gani ba na san aikinta fim bayan fim. Yayata da ta goya ni, ba ta da abin da za ta nuna wa jikanta ya daina dariya. Kuma ba kamfani ne ya yi mata ba, ba baƙo ba ne. Ni ne, da kyakkyawan rubutuna.

Kin ga dalilin da ya sa ban iya jira ba, na kira Baffanki shekaranjiya a lokacin hutun rana. Na gaishe shi yadda ya kamata, na tambayi gona da ciwon bayansa, sannan na shiga.

"Yaya, na ji sharaɗin da aka sa wa Ummi."

"Ai sassauci na yi mata. Sunan Inna ne fa a kanta, ga na Baba a baya. A ce sunan iyayenmu yana yawo a fim?"

"Yaya, wane fim kuke kallo yanzu a gida bayan isha'i?"

Ya ce wannan daban.

"Hoton da ka turo mini bara, kai da ɗan fim ɗin nan a wurin ɗaurin aure, ka riƙe masa hannu da hannu biyu, shi ba ɗan wasu ba ne?"

"Shi namiji ne. Kuma kai kana can ƙasar Larabawa cikin sanyi, mu ne za a tare a masallaci."

"In an tare ka, ka ba su lambata."

"Kai tun kana yaro littafi ya lalata ka."

"Ya lalata ni, Yaya, amma ba ta inda kake zato ba."

Ya ce in na fi shi iko da gidan in faɗa. Na ce ban fi shi iko da gidan ba, shi ne babba, amma 'yar tawa ce, sunan kuma nawa ne kamar yadda yake nasa. Ya kashe waya. Zai huce, na san shi, amma ba bana ba, kuma wataƙila in na zo hutu a falo za a karɓe ni kamar mai karɓar haraji. Na ɗauka. Ke dai ki je ki yi masa sallama kafin ki tafi, ki durƙusa ki gaishe shi, kada ki yi masa gardama ko kalma ɗaya. Faɗan nawa ne da shi, ba naki ba.

Abin da ke ƙona mini rai shi ne mutanenmu suna son wasan, suna haddace maganganun ciki, suna ajiye abinci don kada a wuce su, amma wadda ta yi musu shi sai ta ɓoye kamar ta ɗauki kayan wani. In aikin ba shi da kyau, kada ki yi shi ko da sunan turare, domin Allah ya san sunanki na yanka. In kuwa aiki ne da za ki iya kallo tare da mahaifiyarki ba ki sunkuyar da kai ba, to me ake ɓoyewa? Wannan shi ne ma'aunin da na ba ki. Duk abin da ba za ki so a ga sunan kakarki a kansa ba, ki ce a'a tun a takarda. Sunan zai tsare ki fiye da yadda Baffanki ke tsammani.

Kin san ban taɓa kiran sunanki ba, sunan mahaifiyata ne, bakina ba ya iyawa. Hannuna zai iya. Ga yadda za ki ba su, ki tsaya har ki ga an buga shi daidai:

Suwaiba Lawal Haruna.

Bayan Baffanki, na kira Gwaggonki. Wannan kiran ya fi wuya. Na tsaya a inuwar bayan asibiti, gumi yana bin bayana, na yi ta kewaye-kewaye har ta gaji.

"Lawal, kuɗin wayarka ne ya yi maka yawa? Faɗi abin da ya kawo ka."

Na faɗa mata. Kwali, tawada, komai. Na ce ba mai shirya wasan ba ne ya manta, ni ne na cire da gangan. Na ji ta tana jan numfashi, na ɗauka kuka za ta yi, ashe dariya ce.

"Kai yanzu a tunaninka asiri ka tona? Washegari na je na tambayi mutumin, ya nuna mini jerin da ya ba ka, sunana na huɗu."

"Yaya, me ya sa ba ki ce komai ba?"

"Da na ce a gyara, sai ya tambayi dalili, sai gari ya ji ƙanina yana jin kunyata. Na gwammace a ce mantuwa ce. Ina jira in ga ranar da za ka faɗa da bakinka. Ban zaci sai gashinka ya ƙare ba."

Na ce ta yafe mini. Sai ta sauya magana.

"An ce yarinyar nan za ta Jos."

"Za ta."

"An ce Sani ya ce a ɓoye sunanta."

"Na hana."

"Ka hana a waya. To ka ji, Lawal. Zan sa a gyara mini tabarau. Ranar da aka nuna wasan zan tara jikokina, mu zauna har ƙarshen sunaye, su karanta mini da ƙarfi. In na ji sunan Inna da na Baba, ka kira ni, mu yi maganar yafiya. In ban ji ba, ka bar kuɗin wayarka."

Ta kashe ba ta jira amsata ba.

Kin ga inda kika same ni. Ba zan tilasta miki ba, kin girma, kuma ke za ki zauna cikin mutane da sunan, ni ina nan ina gyaran injina. In kin ga ba za ki iya ɗauka ba, ba zan rage miki komai a zuciyata ba, laifin tun asali nawa ne, ba ke za ki biya ba. Amma ki sani akwai wata tsohuwa a Zariya da za ta matso gaban talabijin, karo na biyu a rayuwarta.

Ki riƙe sallarki a kan lokaci ko ana tsakiyar ɗauka. Ki kira mahaifiyarki kullum, ta fi nuna miki ƙarfin hali fiye da yadda take ji. Ki sayi rigar sanyi, Jos ba Zariya ba ce. Allah ya kiyaye ki a hanya da masauki, ya raba ki da mugun abokin aiki, ya sa ki gama lafiya ki dawo mana lafiya. Allah ya yi miki albarka.

Mahaifinki,
Lawal